Waziri Bagudu da Kukan Kwarin Gawo

A wani zamani da ya shuɗe, an yi wata ƙasa wadda ruwan sama ba ya sauka a cikinta sai da izinin sarki. Kowace shekara, gab da damina, aljanin da ke kiwon gizagizai yakan zo fada ya tambaya, "Ina zan zuba?" Inda sarki ya ambata, nan ake samun ruwa.

Sarkin mai adalci ne, amma rumbunan ƙasar sai raguwa suke yi, alhali duk labarin da ke iso masa na lafiya ne. Ya kira Waziri Bagudu, mutum mai ƙarancin magana, ya ce, "Ka nemo mini dalili kafin aljanin ya dawo."

Al'adar fadar kuwa, talaka ba ya magana da sarki. Yakan faɗi kukansa a zauren waje, mai tsaron zauren ya kai wa na gaba, na gaba ya miƙa, har ya isa ga Shamaki, shi kuma ya gaya wa sarki. Duk bafaden da ya sa mummunar magana a kunnen sarki, rawaninsa ya tafi.

Bagudu ya sa tsohuwar riga, ya zauna a zauren waje cikin masu jira. Sai ga wata tsohuwa, Gwamma, daga Kwarin Gawo, ƙafafunta duk faso.

Ta ce wa mai tsaro, "Ɗan nan, ka gaya wa sarki rijiyoyinmu sun ƙafe, shanu sun mutu, mun fara binne yara."

Bagudu ya bi maganar a baya. A zaure na gaba ta zama ƙarancin ruwa. Can ciki ta zama roƙon ƙarin albarka. Da ta kai bakin Shamaki, ya durƙusa ya ce mutanen Kwarin Gawo suna gaisuwa.

Bagudu ya ja shi gefe. "Shamaki, ina ka bar yaran da aka binne?"

"Ranka ya daɗe, kunnen sarki ba juji ba ne. Haka na gada wurin ubana. In naka rawanin ya yi maka nauyi, ni nawa daidai yake."

Bagudu ya gane babu maƙaryaci a cikinsu. Ladabi ne ke kashe ƙasar.

Ranar da aljanin ya zo, fada ta yi duhu da inuwarsa. Kafin sarki ya amsa masa, Bagudu ya tashi, ya kwance rawaninsa, ya ajiye a gaban karaga.

"Allah ya ba ka nasara, na biya tun kafin in yi laifi. Ina roƙon kowane mai zaure ya faɗi abin da aka gaya masa game da Kwarin Gawo, a fara daga Shamaki, a koma baya."

Sarki ya yarda. Aka jera su. Maganar ta riƙa nauyi daga baki zuwa baki, fuskar sarki tana sauyawa. Da aka kai ga mai tsaron zauren waje, ya kasa buɗe baki. Bagudu ya shigo da Gwamma, ya maimaita kukanta kamar yadda ya ji shi, bai rage komai ba.

Sarki ya tambaye ta, "Gaskiya ne, Iya?"

"Har da jikana."

Sarki ya dubi aljanin ya ce, "Fara da Kwarin Gawo. Sauran garuruwa, ka dakata in ji daga bakin masu su." Ya sauko daga karaga, ya naɗa wa Bagudu rawanin da hannunsa.

Shamaki ya raɗa wa Gwamma ta yi godiya. Ta ce, "Sai na ga ruwa a ƙasa, ɗan nan." Kafin ta kai gida, rafi ya cika da ruwan sama, ya tare mata hanya.

Daga ranar, aikin masu zaure ya koma raka mai kuka har gaban sarki, ba ɗaukar maganarsa ba. Bagudu ya daɗe yana wazirci, yana koya wa fadawa saurare. Da ya rasu, mutanen ƙauyuka suka cika birni, suka nemi alfarma guda: a bar su su ɗauki makararsa da kansu. Fadawa suka ja gefe, suka ba su hanya.