Littattafan da Hajo Mai Ƙosai Ta Dawo da Su

Akwai wani tsohon malamin lissafi a unguwar Kabara, ana kiransa Malam Gidaɗo. Ganinsa ya yi rauni, amma har yau yana ajiye da adaka cike da littattafan koyon rubuta manhaja, na zamanin da ake jona kwamfuta da talabijin, a adana aiki a kaset.

Autarsa Bahijja kwamfuta ta karanta a jami'a, amma kallon tarkace take yi musu. Kun san yaran yanzu, da sun riƙe laftof sai su ɗauka da su aka fara duniya.

Sai dai tana da damuwar da ta ɓoye. Wani kamfani ya kira ta jarrabawar ɗaukar aiki, aka karɓe laftof ɗinta, aka miƙa mata takarda da biro ta rubuta manhaja da hannu. Kanta ya ɗaure, ta faɗi. Sun ba ta dama ta ƙarshe bayan wata guda.

Ran nan tana gyaran ɗaki cikin ɓacin rai, ta kwashe littattafan ta kai wa maƙwabciyarsu Hajo mai ƙosai, ta riƙa naɗe wa masu saye.

Washegari da hantsi sai ga Hajo da kaya niƙi-niƙi. Ta tarar da Malam a soro, Bahijja na zuba masa shayi.

"Malam, ga littattafanka da Bahijja ta ba ni," in ji Hajo. "Kowane shafi ka rubuta Bismillahi a samansa. Ni ba na naɗe ƙosai da sunan Allah."

Bahijja ta ji kamar ƙasa ta tsage ta shige.

Malam ya yi wa Hajo godiya. Ya daɗe yana shafa bangon littafi ɗaya, sannan ya miƙa wa 'yarsa. "Buɗe. Me kika gani a gefen shafin?"

"Layuka ne na fensir, Baba, da lambobi a jere."

"Kwamfuta ɗaya ce a makarantarmu, awa guda nake samu duk Alhamis. In na shiga da kuskure, makon ya tafi a banza. Shi ya sa nake fara zama kwamfutar da kaina. In bi aikin layi-layi a takarda, in rubuta duk lambar da ta canza, kafin in taɓa na'ura."

Nan kuka ya ƙwace mata, ta gaya masa zancen jarrabawar.

Wata guda cur, kullum bayan la'asar, tana karanto layi yana tambaya: "To, yanzu me ya canza?" Bai taɓa tayar da maganar ƙosai ba, kuma wannan ya fi faɗa yi mata ciwo.

Ranar jarrabawa ta ja layukanta a gefe, ta bi aikin a tsanake, ta kamo kuskure biyu kafin ta miƙa. Aka ɗauke ta.

Ta dawo da takardar da ta yi gwaji a kai, ta sa masa a hannu. Ba ya iya karantawa, sai ya bi ta da yatsa har sama.

"Kin rubuta Bismillahi a nan?"

"Na rubuta, Baba."

Ya juyar da fuskarsa bango, yana goge ido da hannun riga.

Darasi: Kada ka raina ilimin iyayenka don kayan aikinsu sun tsufa. Na'ura tana canzawa, amma natsuwar da suka koya cikin rashi ba ta tsufa. Ku tura wa wasu, wataƙila akwai mai shirin zubar da adakar mahaifinsa yau.