Rawanin Malam Jatau Mai Sanƙo

Kun tambaye ni dalilin da ya sa dogon dutsen nan na can ƙasar sanyi yake da farar ƙanƙara a ka, kuma ruwan da ke zubowa daga kansa ya rabu biyu, rabi ya yi gabas rabi ya yi yamma. To ku gyara zama.

A da can dutsen nan mutum ne, sunansa Malam Jatau. Dogo ne na fitar hankali, amma Allah ya jarrabce shi da sanƙo, kai sumul kamar bayan tasa. Ba wanda ya sani, don ba mai tsawon da zai leƙa. Shi kuwa ya gwammace ya mutu da a gani.

Wata rana da hantsi yana zaune yana gyangyaɗi, sai ga Gajimare mai wanki da jiƙaƙƙen farin yadi yana neman wurin shanya. Ya hango abu yana ƙyalli, ya ce, "Kai, ga falalen dutse mai kyau!" Ya shimfiɗa yadin a kan sanƙon Malam, ya tafi. Sanyin can sama ya kama yadin, ya daskare ƙam.

Da Malam ya farka, sai ya ji masu wucewa suna cewa, "Ranka ya daɗe, yaushe aka yi naɗin?" Ya shafa kai, ya ji rawani. Ya yi gyaran murya ya ce, "Ai an kwana biyu."

Gajimare ya dawo ya ce, "Baba, yadina." Malam ya ce, "Wane yadi? Da shi aka haife ni." Gajimare ya matso ya raɗa masa, "Na fa ga abin da ke ƙasa." Nan take suka shirya: Gajimare zai kama bakinsa ya riƙa ƙaro yadi, Malam kuma ya bar shi ya riƙa hutawa a kafaɗarsa.

Sai rana ta take, rawani ya fara ɗiga. Ga Malam tsakanin maƙwabta biyu masu sayar da gishiri, Iya Tabawa a gabas, Gwaggo Kande a yamma. Ya karkata kai gabas, ruwa ya kwararo tsakar gidan Tabawa, ya jiƙa buhuna.

Ta fito da muciya. "Malam, ni ka saita wa indararo? Juya shi tun muna mutunci!"

Ya karkata yamma. Kande ta fito tana tafa hannu. "Lallai ma! Wato ni ce marar gata? Tuɓe tsumman nan ka matse shi a bayan gari!"

Malam ya ce, "Haba Gwaggo, ana tuɓe wa babba rawani?"

Tabawa ta ce, "Me kake ɓoyewa ne a ciki? Kande, kawo tsani."

Da jin tsani sai Malam ya ɗaga hannu. Ya ce, "Ku tsaya! Zan miƙe wuya sak. Kowace ta sami rabi, ba a cuci kowa ba."

Kande ta ce, "Na yarda, in dai ita ma za ta jiƙe." Tabawa ta ce, "Ɗigo ɗaya ya fi yawa a wajena, sai na hau."

Malam ya sandare. Ƙuda ya sauka masa a hanci, bai kora ba. Atishawa ta zo, ya haɗiye. Yana nan har ya zama dutse. Gidajen matan kuwa suka cika suka zama teku, gishirinsu ya narke a ciki, su kuma ba su daina leƙen juna ba.

Shi ya sa har yau ruwan kansa yake rabuwa biyu, kowane yana neman tekunsa, Gajimare na kwance a kafaɗarsa, jelar rawanin tana jan ciki a hankali tana gangarowa. Masu ƙarambani suna ta hawa da igiya don su gani, amma har yanzu ba wanda ya ga sanƙon Malam Jatau.