Uban da Yake Goge Zaginsa da Alli

Akwai wani malamin lissafi da ake ce wa Mai Alli, a wata duniya da ba tamu ba. Ku yi min uzuri in kun ji muryata ta hau, don labarin nan haushi yake ba ni.

A can, duniyoyi jere suke kamar farantai a kan kanta, kowace tana bayan 'yar'uwarta da ɗan lokaci kaɗan. Mai Alli ya ƙare ƙuruciyarsa yana cika bangon ɗakinsa da lambobi, har ya gano wani lissafi. In ya warware shi, sai ya zame zuwa duniyar da ke baya, inda abin da ya faru ɗazu bai faru ba tukuna. Ya raɗa masa suna Lissafin Koma-baya.

Me kuke tsammani ya yi da wannan baiwa? Ya ceci wanda mota za ta kaɗe? Ya hana gobara? Ina! Mutumin nan zuciyarsa a kusa take, sai ya mayar da ilimin tsumman goge ɓarnar bakinsa.

'Ya ɗaya gare shi. Sunan mahaifiyarsa ta ci, shi ya sa yake kiranta Uwata. Tun rasuwar matarsa su biyu ne a gidan.

Wata safiya ta kawo masa shayi, kofin ya suɓuce ya jiƙa takardun jarrabawar ɗalibansa.

"Dabba kawai!" ya daka mata tsawa. "Da ke kika mutu aka bar min uwarki!"

Yarinya ta durƙushe tana kuka. Shi kuwa da ya gama amayar da abin da ke cikinsa, ya shige ɗaki, ya ɗauki alli, ya zame baya. Shayin ya sake zubewa. A wannan karon ya yi murmushi ya ce, "Ba komai, Uwata. Ba ki ƙone ba dai ko?"

Haka ya riƙa yi shekara da shekaru. Ya zage ta, ya mare ta, ya goge. Maƙwabta har misali suke yi da haƙurinsa. Kun ji munafunci, jama'a!

Sai dai duk lokacin da ya warware lissafin, wata 'yar ragowa takan saura a ƙasan bango, irin wadda ke saura in an yi rabawa. Sai ya share ta da hannun riga ya ce ɗan wannan ba ya komai. Bai taɓa tambayar kansa inda take zuwa ba. Cikin ƙirjin Uwata take taruwa. Ba ta tuna zagi ko ɗaya ba, amma in ya yi tari sai cokali ya faɗi daga hannunta.

Ranar da ta gama makaranta, ya dawo daga aiki ya tarar da yayarsa zaune a falo, jakar Uwata a bakin ƙofa.

"Yaya, lafiya?"

"Wurina za ta koma," in ji Yaya. "Me kake yi wa yarinyar nan ta rame haka?"

"Ni? Tambaye ta! Uwata, na taɓa ɗaga miki murya?"

"Ba ka taɓa ba, Baba," ta ce, idonta a ƙasa. "Amma in na ji takunka gabana faɗuwa yake. Na yi ta istigfari, ina ganin ni ce mara kirki."

Ya ruga ɗaki ya zame baya, ya fito da kyauta a hannu. Uwata ta ja da baya. Ya sake komawa, ya fito da daɗin baki. A wannan karon bayan Yaya ta ɓuya. Duk zamewar da ya yi, ƙara mata tsoro yake.

Da dabara ta ƙare, ya jefar da allin, ya durƙusa a gaban 'yar da ya haifa, ya faɗi komai. Yaya ta miƙe tsaye.

"Amma kai azzalumi ne! Ka dake ta, ka kuma sace mata dalilin kukanta?"

"Ki yafe min, Uwata," ya ce.

Uwata ta ɗauki jakarta.

"Baba, da ka bar ni da zagin, da na yi kuka, ka ba ni haƙuri, na huce. Yanzu na duba zuciyata, tsoro kawai na gani. Me zan yafe? Ban tuna abin da ka yi min ba."

Ta bi bayan gwaggonta, suka ja ƙofar.

Darasi: Kalmar da ta fita daga baki ba ta goguwa, ko da wanda aka faɗa wa ya manta, zuciyarsa tana riƙe da ita. In ka yi laifi, kada ka binne shi ka fito da fara'a kamar ba kai ba. Tsaya a gaban wanda ka ɓata wa ka ce "na yi kuskure" tun ana iya yafe maka. Ku tura wa duk uban da yake ganin tsawarsa iska ce mai wucewa.