Wanda Ya Goge Muryar Goggonsa

An yi wani mutum a nan ƙasarmu, kuma ba a zamanin da ba, a wannan zamanin namu na waya da kwamfuta. Ba zan faɗi sunansa ba. Yana da 'ya'ya, su kuwa 'ya'yan ba su yi wa kowa laifi ba.

Haifaffen Tibiri ne, aiki ya kai shi Maradi ya kama haya a unguwar Zariya. Malamin lakwal ne, wato makarantar boko, kullum riga a goge, takalmi yana sheƙi, duk inda ya bi sai ka ji ana Mushe, Mushe, yadda ake kiran malamin boko da Faransanci. Uwarsa ta rasu yana goye. Ƙanwar ubansa, Goggo Febi, ita ta ɗauke shi. Ita ta tauna ta ba shi, ita ta wanke masa kashi, ita ta yi jinyarsa da ƙyanda ta kama shi. Ba ta taɓa haihuwa ba. In ka tambaye ta ina 'ya'yanta, sai ta nuna shi da baki ta ce ga su nan.

Allah ya ba wannan tsohuwa baiwar waƙa. Ya 'yan uwa, kun san yadda matanmu suke yi a sujada: mace ɗaya take bayarwa, sauran su amsa. A ikilisiyarsu Goggo Febi ce mai bayarwa tun tana amarya. Waƙoƙin nata ne, a bakin turmi ta haɗa su, wasu kuma ta gada daga matan farko da suka karɓi bangaskiya a garin. Ba su cikin kowane littafi. Mata sun haddace amshi sarai, amma baitocin suna cikin kan mutum ɗaya, ita kuwa ta tsufa.

Shugabar zumuntar mata, Mama Na'omi, ita ta fara jin tsoron abin. Ta tara mata, na Tibiri da na Maradi da na Jiratawa masu noman zogale, kowace ta kawo abin da hannunta ya kai, aka sayo kwamfutar hannu don a ɗauki muryar tsohuwa a adana. Wa za a ba? Ai tambayar ma ba ta taso ba. Ga ɗan Goggo, mai ilimi, ya san kan na'ura. Aka ɗora masa hannu aka yi addu'a, aka damƙa masa.

Da farko ya yi aikin, ba zan ci haƙƙinsa ba. Da hutu ya zo yakan hau babur ya tafi Tibiri, ya kafa na'urar a gindin bedi, itacen dogon yaro, tsohuwa ta zauna a tabarma tana rerawa. Aikin ya ci ta. Numfashinta ya ragu, sai ta yi baiti ta tsaya ta yi tari, ta kurɓi ruwa, ta koma. Wata waƙar sai ta kwana tana nemanta a kai kafin ta faɗo mata. Ranar da suka gama ta dube shi ta ce, "To, ɗana, na juye ma duka. Yanzu ko an kira ni, in tahi ba nauyi."

Ya rufe kwamfuta ya koma Zariya. Aka ce ya ajiye sai bikin godiyar kaka, a nuna wa jama'a, 'yan mata su fara koya.

To, a lakwal ɗinsu akwai wani abokin aikinsa, Titus. Wata rana ana hutun tara Titus ya buɗe tasa kwamfutar ya nuna masa wasan ƙwallo, 'yan wasa suna gudu kamar masu rai. Mutuminmu ya leƙa, ya ƙara leƙawa. Kafin mako ya fita ya ɗauki na'urar mata ya nufi Sabon Gari, shagon wani Inusa mai zuba wa mutane fina-finai da wasanni. Ya ce guda ɗaya tak, don ya huta da gajiyar alli.

Daga ƙwallo aka koma tseren mota. Daga tseren mota aka koma na faɗa. Abin ya zame masa kamar ƙaiƙayi, in ya ji an ce sabo ya fito jikinsa har rawa yake sai an saka masa.

Ku zo ku ga ƙaton banza, magidanci da gashin baki, ya dawo daga aiki ko riga bai tuɓe ba, ya durƙusa gaban gilashi yana ihu shi kaɗai. Matarsa Hadassa ta ajiye tuwo, tuwon ya huce, ƙuda ya gama zagaya shi. In ma ya ci, da hannun hagu yake danna na'ura, miyar kuka tana ɗiga tsakanin maɓallai. 'Yarsa ta zo da allonta ta ce Baba duba, ya ture ta da gwiwar hannu bai ko juyo ba. Ranar Lahadi yana zaune a majami'a, ana wa'azi, yatsunsa suna motsi a kan cinya. Tir! Ni da nake ba ku labarin, raina ɓaci yake.

Rannan Titus ya zo da labarin wani wasan yaƙi, wai ba a taɓa yin irinsa ba, shi har ya yi nisa a ciki. Aka tashi daga lakwal, mutuminmu bai biya gida ba, sai Sabon Gari. Inusa ya jona, ya duba, ya girgiza kai.

"Mushe, ciki ya cika. Wanga wasa babba ne, sai an rage kaya."

"Rage mana."

Inusa ya nuna wani wuri da aka rubuta Goggo. "Ga abin da ya cinye wurin. Ka bari gobe in samo ma babban kile, ɗan abin ajiyar nan da ake jonawa, mu juye shi, sannan a sa wasan."

Gobe. Abin da aka ce masa ke nan, gobe. Ba a ce shekara ba, ba a ce ya haƙura ba. Amma zuciyar da ta saba da yanzu-yanzu, ina ta san gobe? Ya tsaya yana shawara da kansa, shawarar kuwa ta yi masa daɗi. Ai tsohuwa tana nan da ƙarfinta, har yanzu ita take daka hatsinta. Hutu ya kusa. Sai ya koma ya ce mata wancan bai fita da kyau ba, ta sake. Wa zai sani? Ya manta tarin, ya manta numfashin, ya ɗauki uwar da ta goya shi kamar rijiya, duk sanda ya ga dama ya zura guga.

Ya ce, "Goge shi."

Inusa ya janye hannunsa. "A'a, Mushe. Taɓa da kanka."

Ya taɓa. Ya 'yan uwa, na'urar ma sai da ta tambaye shi ko ya tabbata. Ƙarfe da roba sun ji nauyin abin, ɗan Adam bai ji ba. Ya danna i. Sannan ya ja kujera ya zauna yana kallon layin nan da yake cika a hankali in ana saka wasa, yana murmushi, yana kaɗa ƙafa. Da ya cika har tafi ya yi.

Hutu ya zo. Ya je Tibiri? Ina! Yau ya ce gobe, gobe ya ce jibi. Shi da ya kasa jiran gobe ɗaya saboda wasa, ya tara wa tsohuwa gobe ba iyaka. Yana cikin ɗaki ya rufe taga yana harbe mutanen ƙarya, damina ta faɗi, gero ya yi kai.

Wata safiya Goggo Febi ta faɗi kusa da turminta. Aka kwashe ta zuwa asibiti a Maradi. Ta rayu, amma ɓarin jikinta ya shanye, baki ya karkace, magana ta ɗauke. Tana gani, tana ji, tana gane kowa, kalma ɗaya ba ta fita.

Ya je dubiya ya tarar da mata sun kewaye gadon. Mama Na'omi tana share hawaye ta ce, "Mun gode Allah da ya ba mu dabara aka ɗauka da wuri. Suna nan dai ko, Mushe?"

Ya ce, "Suna nan lahiya lau, Mama."

A gaban tsohuwar ya faɗa. Ita kuwa ta miƙo hannunta mai rai ta kama nasa ta matse, tana yi masa godiya da ido. Bai nutse cikin ƙasa ba. Ya tsaya ƙyam ya karɓi godiyar.

Daga asibiti ya ruga Sabon Gari, gumi har cikin takalmi. Inusa ya gwada duk dabarar da ya sani, ya ɗago kai ya ce, "Da a ranar ka dawo, wataƙila. Amma wasa nawa ka zuba bisa tun daga lokacin? Sun zauna a wurin. Babu komi."

Nan ma ƙofar tuba a buɗe take. Da ya je ya durƙusa gaban matan nan ya faɗi gaskiya, da an yi kuka, an yi faɗa, wataƙila a zagaya ƙauyuka a tsinto baiti ɗaya nan, rabi can, tun tsohuwa tana iya gyaɗa kai ta ce haka ne ko ba haka ba. Bai yi ba. Ya koma gida, zuciya ta dame shi, ya buɗe wasa don ya manta.

Ranar godiyar kaka majami'ar Tibiri ta cika har waje. Dammunan gero a jingine gaban bagade, matan Jiratawa sun zo da anko. Aka ɗauko Goggo Febi a kujera, an ɗaura mata sabon zane, aka ajiye ta a sahun gaba don ta ji muryarta. An rataya farin ƙyalle a bango, an aro majigi, an jona lasifika.

Kun san abin da mutumin nan yake roƙo a zuciyarsa yana hawa gaba? Roƙo yake Allah ya sa a ɗauke wuta. A ɗakin Allah, yana roƙon Allah ya taya shi rufe ƙarya. Wuta kuwa ba ta ko ƙifta ba.

Ya buɗe na'ura. Duk abin da yake ciki ya fito ɓaro-ɓaro a kan ƙyallen: ƙwallo, motoci, wani ƙato riƙe da bindiga. Ya shiga nan, ya fita can, wai yana nema. Cikin gaggawa ya taɓa abin da hannunsa ya fi sabawa da shi. Sai ƙarar harbi ta fashe a lasifika. Mata suka zabura, wasu suka suri 'ya'yansu suka yi ƙofa, wani dattijo ya kwanta ƙarƙashin benci. Sai da aka zare wayar lasifika kafin hankali ya dawo.

Mama Na'omi ta tako har gabansa. "Mushe, ina waƙoƙinmu?"

Ya ce na'ura ce. Ya ce ƙila ƙwayar cuta ta shiga. Ta ci gaba da kallonsa har ƙaryar ta ƙare masa. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Na goge."

Wata mata daga baya, don ta rufe kunyar, ta ɗauko amshin waƙar da aka fi so. Sauran suka kama. Suka kai ƙarshen amshi, inda mai bayarwa take shigowa, sai duk suka juya wajen Goggo Febi, don haka suka saba tun suna yara. Tsohuwa ta buɗe baki. Jijiyar wuyanta ta tashi. Baitin yana nan a kanta, kowa ya ga yana nan. Abin da ya fito gurnani ne da yawu. Mama Na'omi ta sa bakin gyalenta ta goge mata haɓa.

Shi kuwa ya naɗe na'urar ya sulale ta ƙofar gefe. Hadassa ta biyo shi Zariya da la'asar, ido a kumbure, tana zaton za ta same shi yana kuka. Tun daga zaure ta ji harbi. Ta ɗaure kayanta, ta kama hannun 'ya'yanta, ta koma gidan ubanta a Jiratawa.

Dattawan ikilisiya suka zo suka karɓe kwamfutar, aka sa shi ƙarƙashin horo. Ya je gaida Goggo, tana jin sallamarsa ta rufe ido, ba ta buɗe ba sai da ya fita. Kafin sanyi ya wuce ta rasu. Da aka rasa na'ura a gida ya koma bin shagunan wasa a lokacin aiki, yara suna zaune a aji ba malami, har aikin ya suɓuce masa. Yanzu in ka bi ta Sabon Gari za ka iya ganinsa a bakin wani shago, rigar ta yi dauɗa, yana leƙen wasan wasu ta bayan kafaɗarsu, yana faɗa musu inda za su harba.

Ya 'yan uwa, kada wani ya fita nan ya ce na zagi kwamfuta. Na'urar da ta ɗauki wasan ita ce ta ɗauki waƙar, abin da aka ba ta ta riƙe. Laifin na mai hannu ne. Mutumin nan bai yi sata ba, bai sha giya ba, bai taɓa matar kowa ba. Amana aka ba shi, sha'awarsa ta ce tana son wuri, ya duba ya ga amanar ce ta tare wurin, ya fitar da ita.

Kai fa? Zuciyarka ma ba ta ɗaukar komai da komai. Duk abin da ka shigar, wani abu ne ya fita. Me ka fitar a bana? Addu'ar safe? Hirar matarka? Tsohon da yake ƙauye, wanda kake cewa ai yana nan, sai an yi hutu? Wa ya ba ka tabbacin bakinsa zai jira ka? Tashi ka je yau, ka zauna a gabansa, ka kashe wayar.

Ya Ubangiji, kada ka bar hannunmu ya rushe abin da iyayenmu suka ƙare numfashinsu suna ba mu. In mun yi ɓarna, ka ba mu bakin faɗa tun da sauran gyara. Allah ya kiyaye mu, ya kiyaye 'ya'yanmu. Amin.