Alkawarin Harƙiya

Dalilin da ya sa ciyawar nan harƙiya take kwanciya shame-shame a ƙasa, har sai an bi ta da hannu kafin a yafa iri, kalma ɗaya ce tak da aka faɗa cikin gaggawa. Yara, ku bar kukan ciwon baya haka nan, ku matso inuwa ku ji.

A da can harƙiya a tsaye take kamar gero, saiwarta guda ɗaya. Ko akuya ce ta goge ta sai ta tuge. A lokacin akwai wata tsohuwa, Iya Barmani, mai ɗan fili a bayan gida. Ba ta da komai na shuka sai ƙoƙo ɗaya na irin acca da ta gada wurin mahaifiyarta, kuma duk garin babu mai irinsa. In ya salwanta, ita da gwaten acca sai dai labari.

Da aka yi ruwan shuka, ta ɗauki fartanya ta nufi filin, ta tarar harƙiya ta cika shi. Ta ɗaga fartanya ke nan sai harƙiya ta ce, "Haba Iya! Da girmanki za ki sare ni? Faɗi abin da kike so, in yi miki."

Iya Barmani mace ce mai saurin baki, ga hadari ya sake haɗowa. Ta ce, "Ba na son in dawo gobe in ga kin tsaya min a gona."

"Shi ke nan? Na yi alkawari, ba zan ƙara tsayawa ba."

Tsohuwa ta koma gida tana murna ta huta da sunkuyo. Ita nufinta harƙiya ta kwashe nata ya nata ta bar wurin. Harƙiya kuwa, ja'ira, sai ta kwanta. Ta miƙa hannu nan, ta miƙa ƙafa can, kowace gaɓa ta taɓa ƙasa sai ta kafa saiwa.

Da safe Iya ta hango filin fes, babu abin da ke tsaye. Idon nata dama ya fara rauni. Ta tsaya daga bakin gona ta yi ta yafa iri har ƙoƙo ya kusa ƙarewa. Irin bai taɓa ƙasa ba, a bayan harƙiya ya zauna, kurciyoyi suka sauko suka yi buki.

Da ta shiga ciki ƙafarta ta sarƙe, sai ta gane. Ranta ya ɓaci ƙwarai. Ta ce, "Ke! Ba kin ce ba za ki tsaya ba?"

Harƙiya ta ce, "Iya, dube ni da kyau. A tsaye nake?"

Maƙwabcinta Malam Shekarau yana jin su ta kan darni. Ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce, "Iya Barmani, ko gaban wa kuka je ta fi ki gaskiya. Cewa za ki yi ta tafi."

Tsohuwa ta buɗe baki za ta yi masifa, sai ita ma dariya ta ƙwace mata. Ta leƙa ƙoƙo, saura abin da bai cika tafin hannu ba. Ta ƙulle shi a bakin zane, ta durƙusa. Wannan karon ba ta tsaya neman alkawari ba. Gaɓa-gaɓa ta bi harƙiya tana cirewa, tana kakkaɓe ƙasar, tana shanya ta a kan dutse saiwa sama. Kwana uku ta yi a haka. Sai da ta shafa ƙasa da tafinta ta ji babu ko sili, sannan ta yafa ɗan abin da ya rage.

Ya fito kuwa, har ya fi yadda ta zata. Da kaka ta ware na iri tukuna, ta yi gwate da sauran, ta aika wa Malam Shekarau kwano guda don ya yi dariya da hujja.

Shi ya sa har yau ba a roƙon harƙiya, cire ta ake yi kafin iri ya sauka. Amma kada ku zage ta, yara, ba ta taɓa saɓa alkawari ba. Iyakarta ta ɗaga 'yan kawunan nan nata masu kama da yatsu sama ta leƙa ko Iya Barmani na tafe. Ku duba wadda ke ƙarƙashin ƙafarku, har yanzu a kwance take.