Ƙwai Biyar a Ƙarƙashin Rumbu

Ga ta nan, ga ta nanku, ta tsaya a bakin ƙofa.

Ta shigo mu ji ta!

To, ku matso. Wata baƙar kaza ce, sunanta Ladingo. Alƙalin kajin gidansu farin zakara ne, Alƙali Jatau, mai jan zanko. Shi ya kafa doka: fararen kaji su ne masu asali, su za su zauna a ƙarƙashin rumbu, baƙaƙe kuwa su yi kiwo a fili. Fili kuwa na shirwa ne. 'Yan tsaki bakwai Ladingo ta ƙyanƙyashe, shirwa ta ɗauke su ɗaya bayan ɗaya. Na ƙarshen ko suna ba ta kai ga sa masa ba.

Ta sake yin ƙwai, guda ɗaya tak. Ta dube shi, ta dubi sama.

Ana nan, sai Hurera matar alƙali ta yi ƙwai huɗu. Ita kuwa ba ta son kwanci. Ta ce, "Kwana ashirin da ɗaya a zaune? Gashina ya yamutse? Ke Ladingo, zo ki kwanta mini a kansu."

Doka ta hana baƙa zama a ƙarƙashin rumbu, amma ba ta hana ta shiga aiki ba. Ladingo ta gangaro ƙwanta da baki, a hankali, a hankali, ta tura shi cikin huɗun, ta kwanta.

A gefen rumbun akwai ramin Malam Gafiya, wanda ya ce ya yi karatun awon jinsi a wani gari mai nisa. Ladan aikinsa kuwa, duk ƙwan da ya ce ba shi da asali, shi zai sha. Ran nan Ladingo ta tashi shan ruwa, ya leƙa, ya ga biyar. Ya ruga wurin alƙali.

Aka taru. Alƙali ya ce, "Malam, fitar mana da baƙon."

Gafiya ya ɗauko zare. "Ƙwai mai asali kansa ya fi tsini." Ya auna, ya auna. Duk ɗaya.

Ya ce, "Zaren ne ya sha ruwa." Ya ɗaga su a rana. "Mai asali cikinsa haske ne." Ya leƙa, ya leƙa. Duk duhu.

Ya ce, "Ranar yau ba ta da ƙarfi." Ya kara su a kunne. "Mai asali kukansa da ladabi." Na farko ya ce tsiu. Na biyu ya ce tsiu. Har na biyar, tsiu.

Yunwa fa na cinsa. Ya nuna na tsakiya. "Wannan ne! Ilimi ya gama magana."

Ladingo ta durƙusa gaban alƙali ta ce, "Allah gafarta Malam, ni na sa ƙwan, ban musa ba. Sai dai kwana goma sha tara ina juya su safe da yamma. Wallahi ni da na haife shi ban san wanne ne ba. In Malam Gafiya ya tabbata, ya fasa. In ɗanka ne, gobe ma zo maka gaisuwa."

Hurera ta yi tsalle. "Kada ka taɓa shi, mai warin rami!"

Alƙali ya yi gyaran murya. "A jira su fito."

Bayan kwana biyu suka fito: fari ɗaya, ja ɗaya, wake-wake ɗaya, baƙaƙe biyu.

Ladingo ta ce, "Ɗaya fa na kawo."

Alƙali ya ce, "Farin nawa ne."

"Kakata ma fara ce sol, Allah gafarta Malam. To, jan fa?"

"Ja ai fari ne da rana ta taɓa. A rubuta."

"Wake-waken fa?"

"A ƙirga ɗigonsa. In farin ya fi yawa, namu ne." Gafiya ya fara ƙirga, ɗan tsako ya ƙi tsayawa, ya tsattsage shi a hanci.

"Baƙaƙen biyu fa? Ko yaya aka yi, akwai jininka a ciki."

Kaji suka fara dariya ƙasa-ƙasa. Zankon alƙali ya ƙara ja. Ya ce, "Doka doka ce. Baƙaƙe, waje!"

Ladingo ta tashi. Ta san filin nan sarai. Ta kira biyun. Amma 'yan tsaki ba su san doka ba, ɗumin cikinta suka sani. Duka biyar suka bi ta, tsiu, tsiu, har tsakiyar fili.

Sai ga inuwa ta gilma a ƙasa. Ta zagaya sau ɗaya. Ta zagaya sau biyu.

Alƙali ya fito a guje, fikafikai a buɗe, yana ihu, "Shirwa! A shige rumbu!"

Ladingo ta ce, "Waɗanne, Allah gafarta Malam?"

"Duka! Duka! Har ke! Har kowa!"

Kafin inuwar ta zagayo na uku, kajin gidan kaf sun cika ƙarƙashin rumbu, baƙi a jikin fari. Shirwa ta sauko, ba ta samu kowa a fili ba sai Malam Gafiya, yana jan zarensa. Da ƙyar ya kai rami.

Ladingo ta sauke fikafikanta a kan biyar ɗin. Ta ji suna motsi a ƙirjinta, da ɗumi. Ba ta ƙara tambayar wanne ne nata ba.

Shi ya sa har yau, in zakara ya ga shirwa, ihu ɗaya yake yi wa kowa. Launi a gashi ya tsaya, yara. Masu doka ne suka raba kaji, kaji kuwa jininsu ɗaya.

Ƙurunƙus! Ta koma inda ta fito, kan ɓera ya bi ta.