Sunan da Malam Buba Bai Taɓa Kira Ba

Akwai wani limamin cocin Katolika a Jega, Fada Istifanus, ɗan Zuru. Mutum ne mai barkwanci. Da wayarsa yake ɗaukar gajerun bidiyo, yana wasa da rowa, gulma da son zuciya, ya ƙare da nasiha. Musulmi da Kirista kowa na kallo.

Amma fa da ya ajiye wayar, gidan sai ya yi tsit. Masu zuwa cocinsa ba su da yawa, baƙi ne, ana tashi kowa ya watse. Shi kaɗai yake cin tuwonsa.

Mutum ɗaya ke leƙa shi: Malam Buba, dattijo mai noman albasa a Kashin Zama. Duk ranar kasuwa sai ya biyo, su sha shayi, su yi ta hira.

Wata rana Buba ya ba shi labarin yadda ya kai ɗansa na fari asibiti. Mai kati ya tambayi sunan mara lafiya, shi kuwa kunya ta hana shi, don uba ba ya kiran sunan ɗan fari. Sai "yaron ga" yake ta cewa, har matarsa ta turo ƙanen yaron ya faɗa.

Fada ya yi dariya har da hawaye. Bai tambayi yadda jinyar ta ƙare ba.

Washegari ya sa hula da rawani, ya kwaikwayi Buba, muryar da komai. Har sunan yaron na gaskiya ya binciko ya saka: Abdulƙadir. Kai, bidiyon ya zagaya! Daga Aliero har Maiyama ana ta turawa.

Kasuwa uku ta ci, Buba bai zo ba. Kaɗaici ya ishi Fada, ya hau babur sai Kashin Zama. Ya same shi yana jera albasa a rumbu.

"Malam, lafiya kuwa? Shiru."

"Lafiya lau, Fada." Bai ɗago ba. "Yaron ga bai fito daga asibitin nan da rai ba. Shekara talatin ban kira sunanai ba. Yanzu in na shiga kasuwa, masu lodin albasa na yi mani ihu, wai in faɗi sunan."

Fada ya ciro wayarsa. Ya durƙusa, ya goge bidiyon a gabansa.

"Ka yafe mani, don Allah."

"Na yafe, wallahi, har zuciyata. Amma ka goge naka. Na wayoyin mutane fa? Ba ni ƙara shiga Jega."

Kuma bai ƙara ba. Fada yana nan yana bidiyonsa, mabiya sai ƙaruwa suke. Ranar kasuwa ce kawai ba ya iya ɗaukar komai.

Darasi: Kafin ka mai da labarin wani abin dariya, tambaye shi yadda ya ƙare, ka kuma nemi izininsa. Ana iya yafe maka, amma ka rasa mutumin. Ku tura wa duk mai riƙe da waya.